Mai Ƙirga Fitilun Teku

A tsibirin Orsen, aikina ƙirge ne.
Wasu na saƙa taru, wasu na dafa gishiri,
ni igiya aka ba ni,
doguwa, ta yi baƙi da maiƙon hannu,
na gaje ta daga kakata Ildra, ita ma gada ta yi.

Daren da wata ya ɓuya a ƙarshen sanyi
teku kan yi tsit, kamar an kira shi da sunan da ya ɓoye.
Sai haske ya taso daga can ƙasa,
inda ƙugiya ba ta taɓa kaiwa ba,
kore shar, kamar idon mage a duhu,
ɗaya, sai ɗaya, sai gungu-gungu.
Ba hayaƙi, ba zafi.
Igiyar ruwa ta wuce ta kansa, ko gezau.
Kifi kan kauce masa,
tsuntsun gaɓa ya cusa kai a fiffike.

Duk wanda ruwa ya ci, ruwa kan kunna masa fitila.
Haka muka taras.
Ni kuwa in hau Dutsen Jira da bargona,
ido a ruwa, yatsa a ƙulli:
wannan Tolku ne, da ya fita neman kifin azurfa,
wannan Serrit da 'ya'yanta biyu, ga su manne da ita,
waccan ta gefe, mai lumshewa, mijina ne,
ko yana raye ba ya son cunkoso.

Bara ɗari uku da goma sha ɗaya.
Bana ba wanda ya nitse mana, ko ɗan akuya.
Na ƙirga.
Igiya ta ƙare a hannuna, fitila ɗaya ta rage.
Na murje ido, na sake.
Sau uku. Tana nan, can baya,
kamar baƙon da ya zo gidan biki bai san kowa ba.

Gari ya waye da tsoro.
Aka ja kwalekwale tudu, aka kife su.
Uwaye suka ɗaure yara da ƙafar gado.
Tsoho Brannok ya ce teku ya ci bashi ne,
ya kunna kafin ya karɓa.
Kowa na satar kallon maƙwabcinsa,
ana auna wa za a rasa.
Kwana tara muna cin busasshen kifi da zargi.

A na goma ruwa ya ajiye shi a bakin Kogon Gishiri.
Saurayi ne, gemu bai gama fitowa ba,
da zanen shuɗi a haɓa irin na mutanen Kesh,
waɗanda suka ƙone mana jirage zamanin kakata,
waɗanda muke tofar da yawu in an ambace su.
A wuyansa ɗan cokalin katako,
an sassaƙa shi da wuƙa marar kaifi.
Aikin yaro ne. Wani na jiransa.

Suka ce kada in ƙulla.
Igiyar tamu ce, in ji Brannok,
ba a shuka ƙaya a gonar gado.
Na ce ban san gona ba, ƙirge na sani.
Teku bai tambaye shi garinsu ba,
ya ajiye shi kamu uku daga Serrit.

Da dare na kwance bakin igiyar,
na ƙara mata zare daga gefen bargona,
don babu sauran wuri.
Ban san sunansa ba.
In yatsana ya iso kansa, nakan ce: mai cokali.

Har yau akwai masu ƙin gaishe ni a bakin rijiya.
Ba komai.
Bana na lura ta ɗan matso,
ta bar can baya,
tana kusa da mai lumshewar nan,
shi da ba ya son cunkoso.